MUZURU DA ƁERA A KAN FIYANO: TARIHIN FIM NA MINTI BAKWAI



Da wuya a sami wani a cikinmu da bai san Tom da Jerry ba, wato muzurun nan da ɓeran nan da ba sa gajiya da tsere. Wasu sun gan su a akwatin talabijin tun suna yara, wasu kuma sai da 'ya'ya da jikoki suka zaunar da su dole. A cikin finafinansu akwai guda wanda ya fita daban, sunansa The Cat Concerto, ma'ana wasan kiɗan muzuru. Tsawonsa bai wuce kamar minti bakwai ba, babu magana a cikinsa ko kalma ɗaya, amma ya ci lambar Oska, ya kuma haddasa gardamar da har yau masana tarihin fim ba su gama da ita ba. Malamanmu za su gane irin wannan gardama nan take, domin irin wadda kan taso ce idan ɗalibai biyu suka miƙa takardun jarrabawa, aka duba aka ga amsarsu iri ɗaya. Wa ya kwafi wani?

Abin da ke cikin fim ɗin

Labule na buɗewa sai ga Tom ya fito dandamali cikin baƙar kwat mai jela irin ta manyan makaɗan Turai, hanci a sama. Ya rusuna wa jama'a, ya gyara kujera, ya goge hannuwa, sa'an nan ya fara taɓa fiyano cikin ƙasaita. Shi wannan kayan kiɗa yana da haƙora 88, farare 52, baƙaƙe 36. Duk haƙorin da aka danna, akwai 'yar guduma mai laushin kai a ciki da za ta tashi ta bugi tsirkiya. To, ashe a kan waɗannan gudumomi Jerry ya shimfiɗe yana sharar barci. Kiɗa na farawa sai suka dinga cilla shi daga wannan zuwa waccan har ya farka.

Da farko Jerry bai zo da faɗa ba. Ya hau saman fiyano yana kaɗa yatsa kamar shi ne shugaban makaɗa. Tom ya ga raini ne, ya sa yatsa ya ƙyasta shi ya faɗi. Daga nan yaƙi ya tashi. Jerry ya rufo murfin fiyano a kan yatsun Tom. Ya ɗauko almakashi yana neman datse masa yatsa. Ya cire haƙora biyu ya ɗana tarkon ɓera a gurbinsu. Ya shiga ƙarƙashin kujera ya murɗa ta har ta ɗaga Tom sama, sa'an nan ya sako ta ƙasa. Duk wannan bala'i da ake yi, kiɗa bai tsaya ba, domin mutuncin makaɗi a gaban jama'a shi ne kada a ji ya yi tuntuɓe. Har akwai inda Tom ya haye fiyano yana farautar Jerry da hannuwa, yatsun ƙafarsa kuwa suna ci gaba da kiɗa.

A ƙarshe Tom ya cusa Jerry cikin gudumomin nan ya sakar musu kiɗa, suka lakaɗa masa dukan tsiya. Jerry ya fito a fusace, ya karyo guduma biyu, ya shiga buga ƙarshen kiɗan daga ciki da kansa. Dole Tom ya bi shi da yatsu a waje don kada asiri ya tonu. Duk lokacin da Tom ya ɗauka an gama, ya miƙe zai karɓi tafi, sai ɓera ya sake ɗauko ƙarshen daga farko, da sauri fiye da na dā. Haka dai har kwat ta yayyage, Tom ya kife a kan fiyano a galabaice. Jama'a suka ɓarke da tafi, fitila ta haska Jerry, shi ya rusuna ya karɓe yabon.

Mai kiɗan na asali

Kiɗan da ake bugawa ya girmi fim ɗin da shekara 100 cif. Mai shi Franz Liszt ne, wanda aka haifa a 1811 a ƙauyen Raiding, a lokacin yana cikin ƙasar Hangare, yanzu kuwa yana Ostiriya. A zamaninsa ba a san wanda ya kai shi iya fiyano ba. Ya zagaye Turai yana wasa, mutane suna rububin safar hannunsa da ƙyallen goge fuskarsa, har marubucin Jamus Heinrich Heine ya laƙaba wa abin suna a 1844, ya kira shi haukan Liszt. A 1847, yana da shekara 35, ya daina yawon wasa don kuɗi, ya mai da hankali ga tsara kiɗa da koyarwa. Ya rasu a Bayreuth ta Jamus a 1886.

Liszt ya tsara jerin kaɗe-kaɗe 19 da ya kira Hungarian Rhapsody, wato kiɗan da aka harhaɗa daga amon ƙasar Hangare. Na biyu a jerin, wanda ya tsara a 1847 aka buga a takarda a 1851, shi ne ya fi duka shahara, kuma shi ne na fim ɗinmu. Kashi biyu ne. Na farko ana kiransa lassan, mai tafiya a hankali da nauyi kamar hawan sarki. Na biyu friska, mai sauri, wanda ke ta ƙara wuta har sai yatsun makaɗi sun kusa ɓacewa. Wanda ya lura zai ga labarin Tom da Jerry a kan wannan tsari aka ɗora shi: taƙama da jan aji a kashin farko, rikici da guje-guje a na biyu.

Akwai wani abu da ya kamata mu riƙe tun daga nan, saboda zancen kwafe da ke tafe. Shi kansa Liszt ba daga iska ya ciro amon nan ba. Ya taso yana jin ƙungiyoyin makaɗan ƙabilar Roma, masu yawo gari-gari da goge irin na Turai, kuma salon nasu ya ɗauka ya zuba a fiyano. Har littafi ya rubuta a 1859 yana cewa kiɗan na Roma ne, abin da ya ɓata wa Hangarawa da yawa rai. Daga baya, a farkon ƙarni na 20, Béla Bartók da Zoltán Kodály suka shiga ƙauyuka suna naɗar waƙoƙin manoma, aka gane cewa yawancin abin da Liszt ya ji kiɗan birni ne da Hangarawa suka tsara, makaɗan Roma suka ƙawata shi da nasu salon. Ashe tun asali kayan ya ratsa hannuwa da yawa.

Waɗanda suka zana

William Hanna an haife shi a 1910 a yankin New Mexico na Amurka, Joseph Barbera kuwa a 1911 a birnin New York, iyayensa 'yan asalin Italiya ne, kuma sai da ya yi aikin banki kafin ya koma zane. Sun haɗu a sashen katun na kamfanin MGM a Kalifoniya, wanda aka buɗe a 1937 ƙarƙashin wani mai suna Fred Quimby. Fim ɗinsu na farko na kyanwa da ɓera, Puss Gets the Boot, ya fito a watan Fabrairu na 1940. A ciki sunan muzurun Jasper, kuma ko sunayen Hanna da Barbera ba a rubuta a jikin fim ɗin ba. Manyan kamfanin ba su ɗauki abin da muhimmanci ba, don a ganinsu labarin kyanwa da ɓera tsohon yayi ne. Sai da fim ɗin ya shiga jerin masu takarar Oska, masu gidajen silima suka nemi ƙari, sa'an nan aka ce su ci gaba. A fim na biyu, a 1941, sunayen Tom da Jerry suka bayyana.

Rabon aikinsu a fili yake. Barbera ke ƙirƙiro labari da abubuwan ban dariya, ya zana su a jere a takarda. Hanna ke auna lokaci, ya ƙayyade tsawon kowane motsi. Domin a gane nauyin aikin sai mu yi ɗan lissafi irin na aji ɗaya. Majigin silima yana haska hoto 24 a kowace daƙiƙa. A minti ɗaya hoto 1,440 ke nan, a minti bakwai kuwa 10,080. Ba kwamfuta a lokacin. Mai zane zai zana da fensir, wasu su kwafe zanen da tawada a kan wata farar roba mai garai-garai, wasu su shafa launi a bayanta, a ɗora a kan hoton wurin, mai kyamara ya ɗauka ɗaya bayan ɗaya. Waɗanda ke aikin tawada da launi yawancinsu mata ne, kuma ba a rubuta sunayensu.

A irin wannan fim wahalar ta ninka, domin hoto ne zai bi kiɗa. Sai an fara naɗar kiɗan, a rarraba shi a wata doguwar takarda mai layuka, a san a kan hoto na nawa kowane bugu zai faɗo. Idan tarko zai kama yatsan Tom, dole ya kama daidai kan bugun da Liszt ya rubuta, in an yi kuskuren hoto biyu ko uku kunne zai ji, ido zai gani. Scott Bradley shi ne shugaban kiɗa na sashen, shi ya yanka kiɗan Liszt ya ɗinke shi ya dace da minti bakwai. Har ya saƙa wani ɗan barkwanci: akwai inda Jerry ya karkatar da kiɗan zuwa amon wata waƙar jirgin ƙasa daga fim ɗin MGM na 1946 mai suna The Harvey Girls. Masu zanen motsin da aka rubuta sunayensu su ne Kenneth Muse da Ed Barge da Irven Spence.

Amsa iri ɗaya

Ranar 9 ga Nuwamba, 1946, kamfanin Warner Bros. ya saki wani katun mai suna Rhapsody Rabbit, wanda Friz Freleng ya shirya. A ciki zomon nan Bugs Bunny ya fito dandamali cikin baƙar kwat, ya zauna gaban fiyano, ya fara buga Hungarian Rhapsody ta biyu, sai ga wani ɓera da ke zaune cikin fiyanon ya hana shi sakat, a ƙarshe kuma ɓeran ne ya ƙwace wasan. Wanda ya buga fiyanon da ake ji a fim ɗin shi ne Jakob Gimpel, ƙwararren makaɗi da ya yi hijira daga Turai zuwa Amurka.

Na MGM kuwa bai shiga gidajen silima sosai ba sai ranar 26 ga Afrilu, 1947. Amma an riga an gabatar da shi ga alƙalan Oska a matsayin aikin 1946. Ranar 13 ga Maris, 1947, a bikin Oska karo na 19 a birnin Los Angeles, aka ba The Cat Concerto lambar gajeren katun mafi kyau, wato mako shida kafin yawancin jama'a su gan shi. Rhapsody Rabbit ko cikin biyar ɗin ƙarshe bai shiga ba. Ita ma waƙar jirgin ƙasan nan da Jerry ya taɓa, a daren ta ci lambar waƙa mafi kyau.

Kowane kamfani ya ce ɗayan ne ya yi masa sata. Masu goyon bayan Freleng suna da hujjoji masu ƙarfi. Nasa ya riga fitowa da fiye da wata biyar. Kuma shi tsohon hannu ne a wannan kiɗa, domin tun 1941 ya yi Rhapsody in Rivets, inda magina ke gina dogon bene da guduma da zarto a kan wannan amo, har fim ɗin ya yi takarar Oska. Bugu da ƙari, kamfanonin biyu duk wuri ɗaya suke kai finafinansu a wanke, wato Technicolor, kuma akwai labarin da ya daɗe yana yawo a tsakanin ma'aikata cewa an yi kuskuren aika wani yanki na fim ɗin Freleng zuwa MGM, su kuma da suka gani suka yi maza suka kammala nasu. Masu bincike sun kuma lura cewa lambar aiki da MGM ta ba The Cat Concerto ta yi gaba da na sauran finafinan Tom da Jerry da suka fito tare da shi, alamar an tsallakar da shi layi.

Masu goyon bayan Hanna da Barbera su ma ba su rasa ta cewa ba. Suka ce a duba labarin da kyau. Ɓera ya addabi kyanwa, wannan ai sana'ar Tom da Jerry ce tun 1940. Amma me ya haɗa zomo da ɓera? Bugs Bunny a sauran finafinansa shi ne mai wayo, shi ke wahalar da wasu, ga shi nan an mai da shi wanda ƙaramin ɓera ke juyawa. A ganinsu rigar ta fi zama daidai a jikin Tom, don haka shi aka auna aka ɗinka wa.

Akwai kuma ra'ayi na uku, wanda malamin da ya daɗe yana duba takardu zai fahimta: wani lokaci ɗalibai biyu kan ba da amsa iri ɗaya saboda littafi ɗaya suka karanta. Wannan kiɗa ya riga ya zama ruwan dare a Holiwud. Mickey Mouse ya buga shi tun 1929 a The Opry House. Kamfanin Fleischer ya yi amfani da shi a 1937. A 1945 MGM ta fitar da Anchors Aweigh, inda makaɗi José Iturbi ya buga shi tare da tarin matasa kowa da fiyanonsa, kuma a cikin wannan fim ɗin ne Jerry ya yi rawa da Gene Kelly. Finafinan manyan makaɗan fiyano suna tashe a lokacin, har ma cikin waɗanda suka yi takara da The Cat Concerto akwai wani katun na Walter Lantz a kan kiɗan Chopin. Daɗin daɗawa, masu zanen Holiwud 'yan kaɗan ne, sun san juna, suna sauya wurin aiki. Shi kansa Freleng ya yi aiki a MGM daga 1937 zuwa 1939. A irin wannan ƙaramar kasuwa, ba abin mamaki ba ne mutum biyu su tashi da tunani ɗaya, ko magana ta fita daga wannan rumfa ta shiga waccan ba da niyyar kowa ba.

Kowane ɓangare ya tsaya a kan bakansa har ƙarshen rayuwa. Freleng ya rasu a 1995, Hanna a 2001, Barbera a 2006.

Wa ya karɓi lambar?

Tom da Jerry sun ci Oska bakwai a kan finafinan shekarun 1943 zuwa 1952, kuma The Cat Concerto shi ne na huɗu a jere ba tare da tsallake shekara ba. Na ƙarshen su, Johann Mouse, shi ma labarin fiyano ne, a birnin Viyana, kuma wanda ya buga kiɗansa Jakob Gimpel ne, wato mutumin da ya buga wa Bugs Bunny. To amma bisa ƙa'idar lokacin, shugaban sashe ake ba lambar. Saboda haka duk bakwai ɗin da sunan Fred Quimby aka rubuta su, mutumin da ya fito daga harkar sayar da fim, ba ya zane, ba ya tsara labari. Hausawa suka ce kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Wanda ya sake kallon ƙarshen fim ɗin da wannan a ransa, ya ga wani kife a kan fiyano da yagaggiyar kwat, wani kuma yana rusunawa cikin hasken fitila, zai yi dariya iri biyu.

Zamanin ma bai daɗe ba. A 1948 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukuncin da ya raba manyan kamfanonin fim da gidajen silimarsu, ya kuma hana su tilasta wa masu silima sayen finafinai a dunƙule. Gajeren katun ya rasa tabbatacciyar kasuwa, ga talabijin kuma ta shigo gidaje. Quimby ya yi ritaya a 1955, a 1957 MGM ta rufe sashen katun ɗin baki ɗaya, bayan Hanna da Barbera sun yi finafinan Tom da Jerry 114. A wannan shekarar suka kafa nasu kamfanin, suka koma yi wa talabijin aiki da zane mai sauƙin kuɗi, inda suka fito da The Flintstones a 1960 da Scooby-Doo a 1969. A wannan karon sunayensu ne a kan ƙofa. Su Tom kuwa aka ba Gene Deitch ya yi guda 13 a birnin Prague a 1961 da 1962, sa'an nan Chuck Jones ya yi 34 daga 1963 zuwa 1967.

Wani abin al'ajabi shi ne yadda dukiyar ta ƙare. A 1986 attajiri Ted Turner ya sayi tsofaffin finafinan MGM, a 1996 kuma kamfaninsa ya haɗe da Time Warner, uwar Warner Bros. a lokacin. Finafinan nan biyu da aka yi ta jayayya a kansu suka koma taska ɗaya.

Abin da ya rage

A 1994 an nemi ra'ayin mutum 1,000 masu sana'ar katun a kan finafinai 50 mafi kyau a tarihi, The Cat Concerto ya zo na 42. A 1988 fim ɗin Who Framed Roger Rabbit ya haɗa agwagin Disney da na Warner, wato Donald da Daffy, suna gasar fiyano da wannan kiɗa dai na Liszt. Sai kuma labarin Lang Lang, wanda aka haifa a 1982 a birnin Shenyang na ƙasar Sin. Ya sha faɗa cewa yana ɗan shekara biyu ya ga Tom yana buga wannan kiɗa a talabijin, daga nan sha'awar fiyano ta kama shi. Ya girma ya zama ɗaya daga cikin fitattun makaɗan fiyano na duniya, shi ya yi wasa a bikin buɗe gasar Olamfik ta Beijing a 2008. Hanna da Barbera dariya kawai suka yi nufin ba mutane, ba su san suna koyar da wani yaro a wata nahiya ba. Malamanmu ma da yawa ba su san iyakar inda darasinsu na minti arba'in ya kai ba.

Shawarata ga 'yan uwa ita ce, ranar da yara suka kunna wannan fim, a zauna a kalla tare da su, a sa kunne ga kiɗan, a lura da yadda kowane mari da kowane tsalle ke faɗowa a kan bugu. In da hali a nemi na Bugs Bunny ma a kalla, kowa ya yanke nasa hukuncin. Sa'an nan a gaya wa yaran sunayen waɗanda suka zauna watanni suna zana hoto dubu goma da hannu. Mu kuma da yawancinmu yanzu muke shugabancin ofisoshi da makarantu da kasuwanni, idan an kira mu karɓar yabo, mu tuna da na ƙasa da mu waɗanda suka yi aikin, mu ambace su da suna.